Fayil ɗin DLL ya ɓace: ka sauke shi kaɗai, ka girka kunshinsa, ko ka kai a yi fomat?

Bayan sallar isha'i ne, har na ɗora shayi, wani malami ɗan Zariya da ke rubuta risalar digirinsa na uku a nan Jami'ar Musulunci ta Madina ya ƙwanƙwasa min ƙofa, laftof a hammata. Ko zama bai yi ba ya buɗe ta a kan ɗan firjina.

"Ustaz, a taimaka. Jibi zan miƙa wa mushrif, malamin da ke duba risalata, babi na huɗu, ga manhajar da nake haɗa fayilolin PDF da ita ta ƙi buɗewa."

Windows ɗinsa na Larabci ne, kamar na mutane da yawa da suka sayi kwamfuta a ƙasar nan, saƙon yana tafiya daga dama zuwa hagu, amma a tsakiyarsa ga lamba zaune da haruffan boko: 0xc000007b. Na ce, "Malam, haka ta fara?" Ya ce a'a, da farko cewa ta yi babu MSVCP140.dll. Na ce to me aka yi mata? Ya ce ya nemo fayil ɗin a intanet ya ba ta. A ina ya ajiye shi? A foldar Windows da ake kira System32, kamar yadda shafin ya ce. Na ce ya zauna ya sha shayi, aikin ba zai kai shayin ya huce ba.

Duk wanda irin wannan saƙo ya taɓa fito masa, zaɓi uku ne ke zuwa masa a rai. Ko ya rubuta sunan fayil ɗin a Google ya sauke shi daga shafukan da suka tara irinsu, ko ya girka cikakken kunshin da fayil ɗin ya fito daga ciki, ko ya ɗauki kwamfutar ya kai mahallin siyana, wato shagon masu gyara, a yi mata fomat, a share komai a sake girka Windows. Akwai wasu ƙananan hanyoyi a gefe, zan taɓa su. Amma ba za a iya auna ukun nan ba sai an san mene ne ma ya ɓace.

Ɗalibin ilimi ya fi kowa saurin gane wannan. Mai rubuta risala ba ya kwafe ƙamus gaba ɗaya ya cusa a cikin littafinsa, cewa yake a duba mujalladi kaza, shafi kaza, ya dogara da cewa littafin yana nan a maktaba. Haka masu rubuta manhaja suke yi. Ayyukan da kowa ke buƙata, irin su lissafi, sarrafa rubutu, buɗe fayil, zana hoto a allo, an riga an rubuta su an adana a fayilolin da sunansu ke ƙarewa da .dll, kowace manhaja tana arowa a lokacin da take tashi. Idan ta miƙa hannu ta ji kanta babu littafin, sai ta tsaya cak ta faɗi sunansa. Masu Linux suna da irin wannan, nasu yana ƙarewa da .so, na Mac kuma .dylib, amma mu tsaya a kan Windows, shi ne ke hannun mafi yawanmu.

Sunan nan da take faɗa, shi ne rabin maganin, kuma shi ne mutane ba sa tsayawa su karanta. Duk wanda ya fara da MSVCP ko MSVCR ko VCRUNTIME, ɗan gidan Visual C++ ne, kayan rubuta manhaja na kamfanin Microsoft, lambar da ke biye kuma ita ce ke nuna shekarar bugu. Lamba 80 ta 2005 ce, 90 ta 2008, 100 ta 2010, 110 ta 2012, 120 ta 2013. Daga nan aka tsallake zuwa 140, wadda ta fara a 2015, kuma bugun 2017 da 2019 da 2022 duk suka ci gaba da amfani da ita, kunshi ɗaya ya ishe su. Wanda ya fara da d3dx9 ko ya zama XINPUT1_3.dll na tsohon DirectX ne, ɓangaren da ke kula da hoto, sauti da abin riƙe wasa, yawanci wasannin kwamfuta ke nemansa. Mai dogon sunan nan, api-ms-win-crt-runtime-l1-1-0.dll, a cikin Windows 10 da 11 yake zuwa tun asali, masu Windows 7 da 8.1 ne ke rasa shi, kuma wata sabuntawa mai lamba KB2999226 ke kawo shi. Idan kuwa sunan bai yi kama da ko ɗaya cikin waɗannan ba, galibi na manhajar ne ita kanta, wanda ya kamata ya zauna a cikin foldarta.

To mu ɗauki hanya ta farko, ta sauke fayil ɗaya tilo. Ba zan ce ba ta da abin jan hankali ba. Fayil ɗin ƙarami ne, MSVCP140.dll bai kai megabait ɗaya ba, ko data ta kusa ƙarewa za ka sauke shi. Hankali ma yana karɓarta: an ce abu kaza babu, ka kawo abu kaza. Kuma wani lokaci tana aiki, wanda shi ne ya sa ba ta mutuwa, domin duk wanda ta taɓa yi wa aiki sau ɗaya ya zama mai wa'azinta a masaukin ɗalibai.

Matsalarta ta farko ita ce ta kama Malam. Kowane ɗaya daga cikin fayilolin nan iri biyu ne, mai bit 32 da mai bit 64, suna ɗaya, kamanni ɗaya. Manhaja mai 64 ba ta iya ɗaukar fayil mai 32, haka mai 32 ba ta ɗaukar mai 64. Sannan ga wani ruɗani da Windows ɗin kansa ya gada: a kwamfuta mai bit 64, foldar da ake kira System32 ta fayiloli masu 64 ce, wadda ake kira SysWOW64 kuma ita ce ta masu 32. E, haka yake, a juye. An bar tsohon suna ne don kada tsofaffin manhajoji su ɓata hanya. Malam ya ga an jera masa iri biyu a shafin, ya ga foldar da aka ce ya sa sunanta na ƙarewa da 32, sai ya zaɓi mai 32. Wa zai ga laifinsa? Manhajar ta miƙa hannu, ta sami fayil mai sunan da take nema, ta ɗauka, ya ƙi shiga. Shi ne saƙon ya tashi daga mai suna, wanda ke gaya maka abin da ke damunta, ya koma lamba wadda ba ta gaya maka komai. An yi gyaran gangar Auzinawa ke nan.

Ta biyu ta fi wannan zurfi. Fayilolin nan ba su zo duniya ɗai-ɗai ba, dangi ne. MSVCP140.dll yana jingine da VCRUNTIME140.dll, manhajojin 64 da aka gina daga 2019 zuwa yau kuma da yawansu suna ƙara neman VCRUNTIME140_1.dll. Ka kawo ɗaya, ta nemi na biyu, ka kawo na biyu, ta nemi na uku, kowanne ka ɗebo shi daga inda ka samu. Ka tuna wanda mujalladi na 7 ya ɓace masa, ya je kasuwa ya sayo na 7 amma na wata maɗaba'a daban. A kan kanta ya cike gurbi, kyau ma ya yi. Ranar da ya bi ishara zuwa shafi na 212 sai ya tarar da wani babi can daban. Haka tsohon bugu na fayil yake yi: sunan daidai, amma aikin da sabuwar manhaja ke nema a cikinsa babu, sai ka ga saƙon cewa ba a sami mashigar aiki kaza ba, ko manhajar ta buɗe ta rufe kanta ba sallama. A 2024 an sha wannan sosai, lokacin da manhajojin da aka gina da sabon Visual Studio 2022, manhajar Microsoft ta gina manhajoji, suka riƙa faɗuwa a kwamfutocin da ke ɗauke da tsohon MSVCP140.dll. Na 2005 da 2008 kuwa sun fi kowa tsiya, domin ba a ajiye su haka kawai, suna da rajista ta musamman a foldar WinSxS, idan ka jefa fayil ɗin da hannu sai manhajar ta ƙi shi ko da shi ne na gaskiya.

Ta uku ita ce ke hana ni barci idan na ga ɗan'uwa ya yi. Fayil ɗin DLL ba takarda ba ce, umarni ne da ke gudana. Da zarar manhaja ta ɗauke shi, duk abin da manhajar ke da ikon yi, shi ma yana da shi: karanta fayilolinka, leƙa kalmomin sirrin da burauza ta adana, aika abu waje. Ka duba abin da ke cikin laftof ɗin ɗalibi ko ɗan kasuwa a nan: shigarsa ta Absher, manhajar hidimomin gwamnatin Saudiyya, da ta banki, hoton iƙama da fasfo, lissafin kuɗin da mutane suka ba shi ya aika gida. Duk wannan ka miƙa wa fayil ɗin da ba ka san wanda ya ɗora shi ba. Ba tatsuniya ba ce. A watan Maris na 2023 aka gano cewa manhajar kiran waya ta kamfanin 3CX, wadda ma'aikatu da yawa ke amfani da ita, an cusa mata guba ta fayiloli biyu, ffmpeg.dll da d3dcompiler_47.dll, kuma daga hannun kamfanin kansa mutane suka sauke ta. Idan ɓarawo ya iya shiga ta ƙofar da ke da mai gadi, ina ga kangon da ba shi da ƙyaure? Ba na cewa kowane shafin DLL guba yake rabawa. Abin da nake cewa, kai da ke zaune gaban allo ba ka da hanyar bambancewa da ido, kuma shafukan cike suke da maɓallan saukewa na ƙarya, wanda ya fi girma da kore shi ne yawanci ba naka ba.

Wani abu kuma da suke sa mutane yi, wai bayan ka ajiye fayil ɗin ka buga regsvr32 don ka yi masa rajista. Wannan umarni na wani jinsin DLL ne daban, fayilolin Visual C++ ba sa buƙatarsa, kuma idan ka gwada kuskure zai ba ka, ka ƙara rikicewa a banza.

Hanya ta biyu ita ce ka je gidan da fayil ɗin ya fito ka ɗauko dangin gaba ɗaya. Ga Malam, abin da na yi bai wuce wannan ba: na shiga System32 na cire baƙon da ya ajiye, na buɗe shafin Microsoft na kunshin da ake kira Visual C++ Redistributable, na sauke fayiloli biyu, vc_redist.x64.exe da vc_redist.x86.exe. Na farkon, x64, na masu 64 ne, a lokacin wajen megabait 25; na biyun, x86, na masu 32 ne, bai kai haka ba. Na girka su ɗaya bayan ɗaya, na sake kunna kwamfutar, manhajar ta buɗe. Kunshin shi ya san wane fayil ke zuwa wace folda, shi ya san dangin da ke tafiya tare, kuma duka bugu ɗaya ne. Ranar da sabo ya fito ka girka, zai maye gurbin tsohon gaba ɗaya. Wanda ya saba da baƙin allon umarni ma yana iya rubuta winget install Microsoft.VCRedist.2015+.x64 ya huta da neman shafi.

Ka lura na ce biyu na girka. Nan ne mutane da yawa ke cewa sun bi hanyar kamfani ba ta yi ba. Suna duba kwamfutarsu su ga mai 64 ce, sai su ɗauki x64 kaɗai. Alhali ba kwamfutar ake tambaya ba, manhajar ake tambaya. Windows 11 gaba ɗayansa mai 64 ne, amma tsofaffin manhajojin lissafin shago, da na firinta, da na koyon karatu, da yawansu har gobe masu 32 ne, kuma x86 suke nema. Girka duka biyun ba ya cutar da komai. Haka kuma sabo ba ya rufe tsoho: kunshin 2015 zuwa 2022 ba zai ba ka MSVCR100.dll ba, sai ka ɗauko na 2010 da kansa. Microsoft ya daina kula da na 2010 tun 2020, na 2013 kuma a 2024, amma har yanzu a shafinsa ake samunsu.

Da muka natsu na tambayi Malam yadda aka yi fayil ɗin ya ɓace tun farko, domin ba ƙafa gare shi ba. Ya yi shiru, sai ya ce makon da ya wuce wuri ya cike masa, ya shiga jerin manhajoji ya ga wani abu wai Microsoft Visual C++ ya maimaita kansa kusan sau goma, shekaru daban-daban, shi kuma bai taɓa buɗe ko ɗaya ba. Sai ya share su ya bar ɗaya, "don albarka." Na yi dariya har na kusa zubar da shayin. Ba maimaici ba ne, kowanne akwai manhajar da ta kawo shi don tana buƙatarsa, kuma dukansu a haɗe ba su kai bidiyon walima ɗaya nauyi ba. Wanda ke neman wuri ya nufi foldar abubuwan da ya sauke, can kayan nauyin suke.

Ita ma wannan hanya tana da inda take tsayawa. Tana buƙatar izinin admin, don haka a kwamfutar ofis ko ta ɗakin karatu sai ka nemi mai kula da ita. Wani lokaci girkawar tana ƙi, ta ba ka lamba 0x80070666, ma'ana akwai wani bugu a ciki tuni. A nan sai ka nemo shi a jerin manhajoji ka zaɓi gyarawa a maimakon sabon girki. Sannan dole ka san gidan da za ka. Yaron da wasan ƙwallonsa ke neman d3dx9_43.dll, ko ka girka masa Visual C++ na kowace shekara ba zai tashi ba. Nasa shi ne kunshin DirectX na watan Yunin 2010, mai kusan megabait 95, wanda ake warwarewa a folda a danna DXSETUP. Uban yaron zai ce ai kwamfutar DirectX 12 gare ta, me za a yi da na 2010? Amsa ita ce waɗancan ƙananan fayiloli ba a taɓa sa su cikin Windows ba, kuma girka su ba ya mayar da kowa baya. Manhajar da ke kukan .NET Framework 3.5 kuma, a Windows 10 ba sai ka je ko'ina ba, yana cikin abubuwan da ake kunnawa daga saitunan Windows ɗin.

Idan fayil ɗin na manhajar ne ita kanta, babu kunshin Microsoft da zai kawo shi. Cire ta ka sake girkawa daga inda ka same ta na asali, shi ke nan. Amma kafin nan leƙa tarihin kariya a Windows Security. Sau da yawa fayil ɗin bai ɓace ba, kama shi aka yi aka tsare. A nan sai mu gaya wa juna gaskiya: mafi yawan lokutan da na ga haka, manhajar fasasshiya ce, wato wadda aka fasa makullinta don a yi amfani da ita ba biya, irin wadda ake turawa a guruf, kuma fayil ɗin da aka tsare shi ne wanda aka yi fashin da shi. Mai turowa zai ce ka kashe anti-bairos kafin ka girka. Ka tsaya ka ji maganar da kyau, baƙo ne ke cewa ka ɗaure karen gidanka kafin ya shigo. Ni ba na mayar wa kowa irin wannan fayil, ko ya ji haushi. Abin da nake yi shi ne in nema masa manhaja ta kyauta mai yin aikin, kuma ga haɗa PDF da rubutu da gyaran hoto, akwai su.

Akwai masu cewa a buga sfc /scannow ga kowace matsala, kamar yadda wasu ke ba da Panadol ga kowane ciwo. Umarnin na da amfani, amma fayilolin Windows na asali kaɗai yake dubawa ya gyara. MSVCP140.dll ba ya cikinsu, don haka zai gama zagayensa ya ce bai ga komai ba, kai kuma matsalarka na nan. Inda yake aiki shi ne idan abin da ya lalace na jikin Windows ne, misali bayan kwamfuta ta mutu ana tsakiyar sabuntawa. Idan shi ma ya kasa, sai a fara da wani umarnin gyaran Windows, DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, sannan a maimaita sfc ɗin. Su kuwa manhajojin da ke kiran kansu masu gyaran DLL, waɗanda za su yi bincike su nuna maka ɗaruruwan kurakurai da jan rubutu sannan su nemi lambar katinka, ban taɓa ganin wanda suka yi wa rana ba. Masu gyara kuma suna yawo da wani kunshi a filash wanda ya haɗe Visual C++ na duk shekaru a danna ɗaya. Yana sauƙaƙa aiki, na yarda, amma wani ne ya sake ƙulla shi, ba kamfanin ba, amincinsa daidai yake da amincin hannun da ya bi.

Saura fomat, wadda ita ce ta fi tsada kuma ita aka fi saurin zaɓa. A hutun da ya wuce na je Makka wajen wani dattijo, abokin mahaifina, wanda aka haifa a can, yana da ɗan shagon buga takardu da kwafi a wajen Shari' Mansur. Hausarsa rabi Larabci ce. Na tarar da shi ransa a ɓace. Tsohuwar manhajar da yake tsara rasit da katunan gayyata da ita ta ce babu MSVCR100.dll, jikansa ya kai kwamfutar wani mahalli, aka ce sai fomat, aka yi.

"Ya waladi, duba min. Na biya kuɗi, sun ce khalas, ta dawo sabuwa. Yanzu abu ɗaya da ya ƙi ya zama uku."

Na ce, "Baba, sabuwar ce ta jawo."

Abin da mutane ba su sani ba ke nan. Sabon Windows ba ya zuwa da waɗannan kunsoshi na Visual C++ a girke domin manhajojinka, su manhajojin ne ke kawo su ɗaya bayan ɗaya tsawon shekaru. Fomat tana share su duka. Wato ka je neman mujalladi ɗaya, aka kwashe maktabar aka ba ka kanta sabuwa fil, babu komai a kai. Shi Baba, an kwafe masa takardunsa kafin a yi, Allah ya taimaka, amma salon rubutun Larabci da ya tara shekara da shekaru, waɗanda da su yake ƙawata katunan aure, duk sun tafi, domin a foldar Windows suke zaune kuma ba wanda ya tuna da su. Direban tsohuwar firintarsa ma sai da muka sha wahala. Ita kuwa manhajar da aka yi duk wannan dominta, da aka mayar da ita, saƙon farko ta sake fitarwa harafi da harafi. Na girka mata na 2010 mai x86, ta buɗe. Baba ya dube ni ya dubi allon, ya ce, "Bas? Wannan ne kawai?" Bai ƙara magana ba sai da aka kawo gahawa.

Ba ina cewa fomat ba ta da rana ba. Idan ka tabbatar ƙwayar cuta ta shiga, musamman bayan ka girka fasasshiyar manhaja da anti-bairos a kashe, ni ma ita zan ce ka yi, ka kuma canza kalmomin sirrinka daga wata na'urar. Haka idan sfc da DISM duk sun kasa, kurakuran kuma suna fitowa daga kowane ɓangare. Wanda har yanzu ke kan Windows 7, wanda aka daina kula da shi tun Janairun 2020, ko Windows 10 da nasa wa'adin ya cika a 14 ga Oktoban 2025, in zai yi fomat ɗin gara ya yi ta da dalili, ya hau sabo in kwamfutar za ta ɗauka. Amma saboda fayil ɗaya mai suna da lamba, a'a. Ban kuma ɗora wa masu mahalli laifi duka ba, fomat aiki ne da suka san farkonsa da ƙarshensa da kuɗinsa, bincike kuwa ba su san inda zai kai su ba, ga layi na jira.

Shin akwai lokacin da zan yarda da fayil ɗaya tilo? Akwai, amma ba daga shafukan nan ba. A ce ba ka da izinin admin, ko kana inda babu intanet, ga kwamfutar abokinka mai lafiya kusa. Kana iya kwafo fayilolin daga wurinsa, masu 64 daga System32, masu 32 daga SysWOW64, dangin gaba ɗaya ba ɗaya ba, ka ajiye su a cikin foldar manhajar, kusa da fayil ɗin da ke buɗe ta. Windows yakan fara duba nan kafin ya je foldarsa, don haka in ka yi kuskure manhaja ɗaya ka ɓata, ba kwamfutar duka ba. Ka danna fayil ɗin da dama, ka shiga Properties, wanda a na Larabci aka rubuta Khasa'is, ka ga sa hannun Microsoft a wurin. Sa hannun ma ba hujja ce yankakkiya ba, ɗaya daga fayilolin 3CX ɗin can yana ɗauke da shi, amma rashinsa ya isa ka tsaya. Kuma ka riƙe a ranka cewa ɗinkin wucin gadi ne: wannan kwafi ba ya sabuntuwa, ko ka girka sabon kunshi daga baya manhajar za ta ci gaba da ɗaukar tsohon da ke kusa da ita, sai ka tuna ka cire shi.

Ni dai yanzu akwai folda ɗaya a filash ɗin da ke maƙale da makullin ɗakina. A cikinta akwai na 2010 da 2012 da 2013 da na dangin 140, kowanne x86 da x64, da DirectX na Yunin 2010, duk daga shafin Microsoft na sauke su da hannuna, nakan sabunta na ƙarshen lokaci-lokaci. Daren nan na kwafa wa Malam ita a kwamfutarsa, na ce waɗanda ya share za su riƙa neman sa ɗaya bayan ɗaya, kada ya firgita.

Bayan kamar mako guda, ina cikin motar jami'a za mu Harami, sai ga kiransa.

"Ustaz, wata kuma ta ce babu MSVCR120."

Na buɗe baki zan yi bayani, ya riga ni.

"Ɗari da ashirin, na 2013 ke nan ko?"

"Shi ne, Malam."

"Duka biyun?"

"Duka biyun."